Suna ba nawa ba, murya ba tawa ba

A unguwarmu a Kano yara 'yar Chaina suke ce mini, na gaji da gyara musu na ƙyale su. Manya sun san daga Filifin nake. An san ni da ɗinkin labule da zanin gado, an san maigidana, Allah ya jiƙansa, an san 'ya'yana da jikokina. Abin da mutane ƙalilan kawai suka sani shi ne, tsakanin 1982 da 1986 ni 'yar fim ce a Manila, kuma ba irin fim ɗin da mutum zai zauna ya kalla da surukarsa ba. Fina-finan nuna tsiraici ne, waɗanda a can ake ce wa bold. Ba zan kama sunan kowa ba, har da sunan da aka laƙaba mini a wancan lokaci.

An haife ni a 1961 a tsibirin Negros, cikin wata gonar rake da ke kudu da birnin Bakolod. Gonar ba tamu ba ce, ƙasar da bukkarmu take kai ma ba tamu ba ce. Tatay, mahaifina, yankan rake yake yi. Idan ya dawo da yamma hannuwansa duk kaifin ganye ya zane su, sai Nanay, mahaifiyata, ta shafa masa man kwakwa. Muddin injinan matse rake suna aiki akwai abin sawa a baki. Da sun tsaya sai a shiga watannin babu aiki babu lada, sai cin bashin shinkafa a kantin mai gona, a rubuta, a cire idan an koma yanka. Haka bashin bara yake tarar da na bana. A 1974 yarjejeniyar da ta ba sukarin Filifin kasuwa ta musamman a Amurka ta ƙare, ba a jima ba farashi ya faɗi warwas, cinikin sukarin ƙasar kuma ya koma hannun wani na hannun daman Shugaba Markos. Mu a bukka ba mu san wannan lissafin ba. Abin da muka sani shi ne an cire ni daga makaranta ina aji biyu na sakandare don Manong, yayana, ya ci gaba. Mu bakwai ne, ni ce babbar mace.

Ina da shekara 19 na hau jirgin ruwa zuwa Manila. Na yi aikatau, na yi wanke-wanke, daga baya na samu aikin kai abinci tebur a wani gidan abinci. A nan wani mutum mai yawan zobba ya yi ta kallona har na tsargu. Da zai tafi ya bar mini katinsa, ya ce shi manajan 'yan fim ne, kuma asara ce a bar fuska irin tawa tana kwashe kwanuka.

Wanda bai san Filifin ba zai ɗauka harkar a ɓoye ake yin ta. A'a, a bainar jama'a ake yi. Mutanenmu mayun kallo ne, a wancan lokaci a titin Abenida da na Rekto na Manila sinima ce jere da sinima. Tun 1970 wani fim mai suna Uhaw ya buɗe ƙofar fina-finan tsiraici da ake kira bomba, aka yi ta tururuwa. Da Markos ya ƙaƙaba dokar soja a Satumban 1972 sai hukumar tace fina-finai ta danne su, amma masu zuba kuɗi ba su haƙura ba, salo kawai suka canza. A sa wa mace farar shimi, a tura ta cikin kogi, ta fito tufa ta manne mata, a ce ai ba ta tuɓe ba. Har wadda ta lashe gasar sarauniyar kyau ta duniya a 1969 ta yi irin wannan fitowa a 1974, daga nan abin ya zama ado. Kafin in shigo an riga an wuce maganar shimi.

Gwamnati kuwa baki biyu gare ta. Imelda Markos, matar shugaban ƙasa, ta sa an gina katafaren gidan fim a bakin tekun Manila don bikin fina-finai na duniya. Saboda gaggawa, ranar 17 ga Nuwamba 1981 wani sashe ya rufta da ma'aikata suka faɗa cikin ɗanyen siminti, amma aka ci gaba da gini, aka buɗe biki a Janairun 1982. Da kuɗi suka yi ƙaranci, a wannan ginin aka riƙa haska fina-finan tsiraici ba tare da almakashin hukuma ya taɓa su ba. Kardinal Sin, babban limamin Katolika na Manila, yana ta suka, mutane suna ta layi, kuɗi suna ta shiga.

Manajan nan bai ce mini in tuɓe ba da farko. Hidima ya fara yi mini. Ya kama mini ɗaki, ya kai ni aka gyara mini haƙori, ya saya mini kaya da takalma, ya biya wani ya koya mini tafiya da kallon kyamara. Yana da ɗan littafi mai baƙin bango, duk abin da ya kashe sai ya rubuta a gabana yana murmushi, yana cewa, "Kada ki damu, Inday, idan kin zama tauraruwa ma yi lissafi." Littafin kantin mai gona ne sak, sai dai wannan ya zo da turare da mota. Takardar yarjejeniya da Turanci take, shafi da yawa, a kan bonet ɗin motarsa na sa hannu.

Shi ya raɗa mini suna. A shekarun nan akwai manajan da yake sa wa 'yan matansa sunayen lemon kwalba. Nawa bai kai nan ba, sunan 'yan Sifaniya ya ba ni, ya kuma gaya wa 'yan jarida cewa ubana baturen jirgin ruwa ne, ni kuma ɗalibar jami'a ce. Tatay mai yankan rake aka shafe shi haka kawai. Murya ma haka aka yi mata. Mu a Negros Hiligainon muke yi, Tagalog ɗina yana fita da karin ƙauye, don haka duk fim ɗin da na yi wata mata ce da ban taɓa gani ba take shiga ɗakin ɗaukar murya ta yi magana a bakina.

A fim ɗin farko tire na ɗauka na wuce, ko uffan ban ce ba. Ana nan ana nan, wata rana aka kwashe mu a bas tun asuba zuwa wani kogi a Tanai, gabas da Manila. Ba a ba mutum labarin fim gaba ɗaya, da safe ake miƙo maka takardar abin da za ka yi a ranar. Da na karanta tawa na je wajen darakta na ce, "Direk, ba a gaya mini wannan ba." Bai ɗaga murya ba. Ya nuna mini masu fitila, da mai janareta, da masu dafa abinci, ya ce kowannensu yana da iyali, hayar kyamara kuma tana ta ci, idan na ƙi yau babu mai komawa gida da ko sisi. Manaja yana gefe yana buga littafinsa a tafin hannu. Mutanen ƙauyen sun cika gaɓar kogin, ana korarsu suna dawowa. Wata tsohuwa mai kula da tufafin 'yan wasa ta ja ni bayan dutse, ta zuba mini giya a murfin kwalba ta ce in shanye saboda sanyi. Tana ɗaure mini gashi tana cewa, "Anak, kada ki kalli mutane. Ki kalli bishiyar can ki ƙirga ganyenta." Na shiga ruwan. Da aka ce an gama, ita ce ta taro ni da tawul tun ban kai tudu ba, ta rufe ni har ka. A hanyar komawa kowa yana hira yana cin burodi a cikin bas, ni ma aka miƙo mini na ci.

Kuɗin wannan fim, ko bayan manaja ya cire nasa, sun fi abin da nake samu a shekara a gidan abinci. Na tafi gidan waya na aika wa Nanay. Na ce musu aikin ofis na samu a kamfanin fim.

Daga nan abin ya tafi da gudu, a mako biyu an gama fim an shiga wani. A lokacin, da hannu ake zana allunan talla, manya-manya, a kafa su a saman sinima. Wata rana ina cikin jifni, motar hayarmu, a Rekto cunkoso ya tsayar da mu daidai ƙarƙashin allona. Mai zanen ya ƙara mini abin da Allah bai ba ni ba, sannan aka bi da farin fenti aka zana mini 'yar riga don idon hukuma. Mutumin da ke kusa da ni ya leƙa ya kalli allon, ya yi wata magana, duk motar aka kwashe da dariya. Bai gane ni ba. Na miƙa masa kuɗin motata ya miƙa wa direba.

Idan na ce duk kwanakin na baƙin ciki ne na yi ƙarya. Akwai daraktocin kirki da suka gane cewa idan suna son faɗin gaskiya a kan talauci da zaluncin mulki, sai sun ba mai kuɗi abin da zai sayar masa da tikiti. Wasu fina-finan da ake yabo yau a matsayin gwanintar sinimar Filifin ta wannan ƙofar suka fito. Na yi aiki da ɗaya daga cikin irin waɗannan mutane. Ya sa na fito a mai wankau wadda ɗanta ya mutu ba ta da kuɗin akwatin gawa. Bai ce in yi kuka ba, ya ce in ci gaba da wankina kawai. Na durƙusa ina cuɗa riga, sai na ga hannun Nanay nake kallo ba nawa ba, na yi ta cuɗawa har yatsuna suka yi ja. Da ya ce a yanke, mai riƙe da fitila yana share ido. Ranar na san na iya wasa. Wani mai sharhi ya yaba mini a jarida, layi biyu, na yanke na adana. Amma a allon tallan fim ɗin ba mai wanki aka zana ba.

A Agustan 1983 aka harbe Ninoy Akino, madugun adawa da Markos, a filin jirgin sama, tattalin arziki ya rikice. Peso da yake 11 a dala ya koma 14, ya koma 18, a 1984 farashin kaya ya ƙaru da kusan rabi. Negros kuwa yunwa ce ta sauka gadan-gadan. Masu gona suka rage shuka, ma'aikata suka zauna, jaridu suka cika da hotunan yara masu kumburarren ciki. Wasiƙun Nanay suka koma jerin buƙatu: autanmu yana asibiti, kuɗin jarrabawar Manong, rufin ɗaki yana yoyo. Zuwa lokacin sun riga sun san irin aikin ofis ɗin da nake yi, don fina-finan suna isa Bakolod. Ba wanda ya yi mini maganar, ni ma ban yi ba. Na sa hannu a kan fim uku a haɗe.

A wannan tsakanin ne harkar ta ƙarasa lalacewa. Aka fara fina-finan da ake ce wa pene, waɗanda babu wasa a cikinsu, abin da ake yi gaban kyamara na gaske ne. An yi mini tayi na ƙi, aka ninka kuɗin na ƙi. Na ɗauka na tsira da wannan ɗan guntun mutuncin.

Ashe akwai singit. Dabarar ita ce a kai fim hukuma ta duba ta yanke ta buga hatimi, sannan a ƙananan sinimomi mai injin haskawa ya manna wani guntu da aka ɗauka daban, idan ya ji ƙishin-ƙishin samame ya cire. A 1985 wata ƙawata ta ce lallai in je in kalli fim ɗina a wata tsohuwar sinima. Na ɗaura ɗankwali, na sa tabarau, na zauna can baya. Wurin yana warin sigari da fitsari, fankoki suna ta ƙara. Na ga fuskata, na ji muryar matar nan. Na tuna ranar da aka ɗauki wurin, kwanciya kawai na yi na rufe ido aka ce an gama. Sai launin hoton ya canza ya yi duhu-duhu, aka nuno jikin wata mata babu fuska, ana yin abin da na ƙi yi. A dawo kan fuskata, a koma jikinta. Tana da tabo a gwiwa, ni ba ni da shi. Maza suna ihu suna kiran sunan nan da aka sa mini. Na zauna har aka kunna fitila, ƙafafuna sun ƙi ɗaukata.

Manaja ya ce shi ma bai sani ba, kamfani ne. Kamfani suka ce masu sinima ne. A ƙarshe ya ce mini, "Inday, ko kotu kika je, wa zai yarda ba ke ba ce?" Gaskiya ya faɗa. Har yau nakan tuna matar, ko nawa aka biya ta, ko tana raye.

Irin wannan kwafin ne ya isa Bakolod. Abokan Manong suka kalla suka sa shi gaba da dariya. Ya rubuto mini shafi ɗaya: kada in zo bikin garinmu, kada in zo Kirsimeti, Tatay ya ce ba shi da 'ya a Manila. Na rubuta na yi bayani, na yi rantsuwa, shiru. Amma duk wata idan na aika kuɗi ana zuwa a karɓa. Wannan ya fi wasiƙar yi mini ciwo, kuma na daɗe da shi a raina. Yanzu da na manyanta na san mai yunwa ba ya mayar da shinkafa, na kuma san mutum yana iya cin abu yana ƙin hannun da ya ba shi, saboda ganin hannun yana tuna masa gazawarsa. Na fahimce su. Ban ce sun kyauta ba.

Tsakanin 1984 da 1985 'yan mata uku da ake ji da su a harkar suka mutu, ɗaya a haɗarin mota, biyu suka kashe kansu. Jaridun da suka ci kasuwa da hotunansu suna raye, su suka ci kasuwa da labarin mutuwarsu. Ni a lokacin sai da ƙwaya nake barci, sai da giya nake tsayawa gaban kyamara. Akwai daren da na juye ƙwayoyin duka a tafin hannu na daɗe ina kallonsu. Abin da ya hana ni shi ne ranar Litinin ake biyan kuɗin maganin autanmu. Ranar Juma'a nakan je cocin Kiyapo in tsaya can baya ina kallon masu rarrafe da gwiwa zuwa gaba, ban taɓa iya zuwa gaban fada in faɗi zunubina ba.

A Fabrairun 1986 jama'a suka cika titin EDSA na Manila suna zanga-zanga, Markos ya gudu Hawai, Kori Akino, matar marigayi Ninoy, ta hau mulki. Sabuwar gwamnati ta sa irin fina-finanmu a gaba. Manaja kuwa ya riga ya samo sababbin fuskoki. Da na ce a yi lissafin nan da aka daɗe ana alkawari, ya buɗe littafi, sai ga shi ni ake bi. Na bar masa kayan ɗaki da riguna da talabijin, na fita da jaka ɗaya. Na rage gashina, na koma Sampalok, unguwar ɗalibai, wata tsohuwa 'yar Iloilo ta ɗauke ni aiki a rumfar abincinta.

A shekarun nan 'yan Najeriya da dama suna karatu a jami'o'in Manila. Akwai wani dogo siriri mai karatun injiniya, kullum ya zo sai ya tambaya ko akwai man alade a abinci, kullum kuma akwai, sai ya ci farar shinkafa da ayaba ya tafi. Na ji tausayinsa na sayi ɗan kasko daban ina soya masa kifi. Daga kasko aka kai ga hira. Ranar da ya yi maganar aure na ce ya zauna, na gaya masa komai har singit, ban rage ba. Ya yi shiru, ya biya kuɗin abincinsa ya tafi. Ya yi kwanaki bai leƙo ba, na wanke kaskon na rataye. Da ya dawo ya ce, "Ban ji daɗi ba, ba zan ɓoye miki ba. Amma ina nan a kan bakana. Abu ɗaya nake roƙo, idan mun je gida kada ki gaya wa kowa, ko Hajiya. Ba kunyarki nake ji ba, mutanena na sani."

Ban musulunta a gurguje ba. Na daɗe ina zama wajen matan Maranawo, Musulmin kudancin Filifin, masu sayar da kaya kusa da Masallacin Zinare na Kiyapo, wanda aka gina a 1976, ba nisa da cocin da nake raɓewa a bayansa. Ranar da na karɓi kalmar shahada liman ya ce mini Musulunci yana shafe abin da ya gabace shi. Na yi kuka sosai, na yarda har zuciya, har gobe kuma na yarda. Sai dai faifan fim bai san da wannan ba. Aka ɗaura aure a 1988. Nanay ta hau jirgin ruwa ta zo ita kaɗai. Tatay ya rasu bayan shekara biyu, ina Kano, ba mu sake magana ba.

Na sauka Kano a 1989 cikin hunturu, leɓena duk ya tsage. Hajiya, surukata, ba ta so auren ba, ta ma faɗa a gabana tana ganin ba na ji. Amma ita ta koya mini tuƙin tuwo da gaisuwa, ita ta yi mini wankan jego da hannunta. Ta rasu tana ce mini 'yata, ba ta san komai ba.

Tsorona a shekarun farko 'yan ƙasarmu ne. A lokacin akwai malaman makaranta da likitoci da nas-nas 'yan Filifin a Arewa, ko da yake faɗuwar naira ta fara korarsu. Ina da cikin fari na je awo sanye da hijabi, sai ga nas 'yar Filifin. Tana ɗaura mini abin awon jini ta dubi fuskata, ta sake duba, hannunta ya tsaya. Ta ce da Tagalog, ƙasa-ƙasa, "Na san ki." Hajiya tana zaune a benci tana kallonmu. Na ji hanjina ya kaɗa. Nas ɗin ta gama rubutu a kati ta ce, "Jininki ya ɗan hau, ki rage gishiri." Sannan ta ƙara, "Kin iya wanki a fim ɗin nan. Sai da na yi kuka." Hajiya ta ce me ta ce, na ce maganar gishiri ce. Matar ta yi shekaru a Kano muna haɗuwa, ba ta sake tayar da zancen ba.

A 2007 bidiyon wata 'yar fim ɗin Hausa ya bazu a wayoyi, gari ya ɗauka, har aka dakatar da shirya fim na wata shida a Kano. A gidan suna, a islamiyya, ba zancen da ake sai nata. Na lura masu tsinuwar da yawa sun kalla, don har bayanin abin da ke ciki suke yi. Ina zaune cikin ƙawayena ana cewa irinsu ba sa shiryuwa, wata ta dafa ni ta ce, "Ko ba haka ba, Hajiya?" Na ce Allah ya shirye mu baki ɗaya. Da daddare na ce wa maigida ina so in gaya wa yaran. Ya ce ba yanzu ba. Har ya rasu a 2013 yanzun ba ta zo ba.

'Yata ce ta gano. Tana jami'a, tana neman danginmu na Filifin a Facebook, ta faɗa wani zaure na masu sha'awar tsofaffin fina-finai, wani ya ɗora hoton talla. Ta same ni a kan keken ɗinki, ta ajiye wayar a kan yadin da nake ɗinkawa ta ce, "Mama, wannan ta yi kama da ke." Na yi shekaru ina shirya amsa, duk ta gudu. Na ce, "Ni ce." Ta daina haɗa ido da ni na ɗan lokaci, sannan ta dawo da tambayoyi. Ta ƙarshe ita ce, "Abba ya sani?" Da na ce ya sani tun kafin aure sai ta fashe da kuka, ta kifa kai a cinyata. Yayanta ya ɗauki abin da zafi. Har yau ba ya so a yi zancen, amma bai taɓa fasa zuwa gaishe ni ba.

Mun yi ƙoƙarin a cire abin daga intanet. Kamfanin ya mutu tuntuni, an kwafi fina-finan daga kaset ɗin Betamax zuwa faifai, daga faifai zuwa waya. A kai ƙara a goge a nan, ya ɓullo a can. Fim ɗin mai wankin kuwa mun neme shi har mun gaji, ya bi sahun ɗimbin tsofaffin fina-finan Filifin da zafi da danshi suka cinye. Na banzan ne suka tsira.

Da aka zo neman auren 'yata na san za a yi bincike, kuma asalin uwa yana cikin abin da ake fara tambaya. Ta ce mu yi shiru kamar yadda Abbanta ya ce. Na ce zamanin Abbanki babu waya a hannun kowa, kuma ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Na aika aka kira mini mahaifiyar yaron na gaya mata. Ta saurara, ta yi godiya, ta yi mini addu'a, ba a yi nisa ba suka aiko a mayar musu da kayansu. 'Yata ta yi fushi da ni matuƙa, kuma tana da gaskiyarta. Na sha kwana ina tambayar kaina ko don ita na yi, ko don in sauke nawa nauyin. Da wani ya fito daga baya, ita da kanta ta gaya masa, shi kuma ya gaya wa mahaifiyarsa. Matar ta zo har gida, muka gaisa, ta sha ruwa, ta ce, "Hajiya, na ji komai. Mun tambayi maƙwabtanki, ba wanda ya faɗi sharrinki. Mu yarinya muka zo nema." Aka yi biki.

Na san duk wanda ya san ni zai gane ni a wannan rubutu, don 'yan Filifin nawa ne suke ɗinkin labule a Kano? Sai da na nemi izinin 'ya'yana da surukina. Babban bai ce e ba, bai kuma hana ba.

Na koma Negros lokacin da Nanay take jinyar ajali. Har yanzu rake ne ko'ina, har yanzu akwai watannin babu aiki. Manong ya yi ritaya daga aikin akanta, yana da gidan bulo. Ya karɓe ni, ya sa aka dafa mini kifi a tukunya daban, ya ce wa 'ya'yansa ga gwaggonku ta Afirka. Bai ɗauko zancen wasiƙa ba, ni ma ban ɗauko ba. Yanzu muna gaisawa a waya da Kirsimeti da Sallah. Autanmu ya warke sarai, malamin makaranta ne a Bakolod. Shi kaɗai ne a gidanmu ya taɓa tambayata nawa maganinsa ya ci, na ce masa ban rubuta ba.